Dashi Ashirin da Biyu a Bayan Rumfar Mahauta

Maikano Sarkin Kasuwa, kai ne ka yaye mini danga. Kai ne ka tsaya da babbar rigarka mai aiki a wuya kana nuna wa ma'aikatanka inda za su sa gatari, kai ne ka sa aka jibge mini tubali a kan wurin shanyata. Ba labari aka ba ni ba, da idona na gani, kuma ba zan sakaya sunanka ba don wai kana da rawani. Na san ka tun kana yawo ba wando, kana tsintar kalwa a gindin turmina, uwarka tana biyo ka da tsumagiya.

To, ku da ba ku san ni ba, sunana Hasana, amma a garinmu da ke kusa da Burumburum in ba ka ce Mai Daddawa ba, ba wanda zai nuna maka gidana. Ban yi karatu ba, ban san baƙi ba sai na tukunya. Abin da na sani shi ne shekarata ashirin da ɗaya a bayan rumfar mahauta, kuma ba ni na zaɓi wurin ba.

Shekarar da mijina Habu ya rasu na kama sana'ar daddawa a cikin gari, don in ci da kaina da 'yata Maijidda. Wanda ya san aikin ya san warinta. Kalwa za ta sha wuta yini guda, a surfe, a wanke, a sake dafawa, a rufe da ganye kwana uku. Ranar da aka buɗe, har limami sai da ya canja hanyar masallaci. Maƙwabta suka kai kuka. Uban Maikano, wanda shi ne Sarkin Kasuwa a lokacin, Allah ya jiƙansa, ya sa ni a gaba har inda kasuwa ta ƙare. Juji ne a wurin, ƙasusuwa da tumbin shanu da kashin jakuna, ungulaye sun yi sahu kamar masu jiran sadaka. Ya ja layi da sandarsa a ƙasa, ya ce, "Kasuwa ta tsaya nan. Daga nan zuwa can ki je ki yi warinki, ba mai damunki."

Na kwashe jujin nan da kaina, kwando kwando. Na yi ɗaki, na yi rumfa, na kafa murhu uku. Wanda ya yi mini dangar farko shi ne Alkasim mai saƙar zana, mijin ƙawata Fatima. Tun daga wannan shekara, duk bazara in hadari ya fara leƙowa, sai ya zo da sabon zana ya canja wanda ya ruɓe, ya kuma kafa reshen dashi guda ɗaya a jikin dangar. Dashi kun san shi, in aka kafa shi kafin ruwa sai ya kama ƙasa ya zama itace. Fatima ta rasu shekara bakwai da suka wuce, bai fasa zuwa ba. Bai kuma sake aure ba, gari yana ta yi masa waƙar gwauro. Ni dai in ya gama na kan ƙulle masa daddawa a ganye, ya ce ya gode, ya tafi. Iyakar maganarmu ke nan.

Sai bana lori ya fara shigowa garinmu. Maikano ya hango cinikin gyaɗa da kaka, ya ga babu inda lori zai juya kamar bakin gidana. Ranar Asabar ya zo da mutum shida.

"Iya, sannu da aiki. Filin nan na kasuwa ne, na hukumar En'e. Za a yi rumfar awo."

"En'e ta taɓa kwashe kashin jaki a nan?"

"Ni dai na faɗa miki. Ki nemi wuri."

"Ubanka ne ya ba ni."

"Baba ya rasu. Kina da takarda?"

Takarda. Ni da shi duk ba mu iya karanta ta ba, amma ku ji bakinsa. Kafin in ɗaure zanena sun yaye zana sun tara gefe. Suka sa gatari suka sare dashi biyu ƙanana na ƙarshen layi, sauran suka gagare su don sun yi kauri. Da la'asar jakuna suka yi ta kawo tubali, aka tsiba shi a tsakar gidana har ya fi ni tsawo. Wai yana sauri a yi gini a rufe kafin ruwa.

Maijidda ta zo daga garin Ƙofa, inda take aure, washegari, da goyo, ido jawur.

"Inna, ki tattara tukwanenki mu tafi. Mai gidana ya ce akwai ɗaki."

"In zauna ina jiran a ɗebo mini tuwo a ƙwarya?"

"Inna, wa ya taɓa kai mai rawani ƙara? Kuma mace, kuma a shekarunki? Za a yi da mu a gari."

"An daɗe ana yi da ni. Miƙo mini mayafina."

Ranar Litinin na ɗaura zanena saƙi mai ratsin ja, wanda ba na fitarwa sai da salla, na yafa baƙin mayafi, na ƙulle goro a haɓar zane. Na kama hanyar Tudun Wada, inda alƙali yake, bayan sallar asuba, takalmana a hannu don kada su cinye. Sai da na hango garin na sa su.

Ban taɓa shiga gaban alƙali ba. Na zaci zan ga mutum mai tsawa. Sai na tarar da wani siririn dattijo a kan buzu, littattafai jibge a gefensa, yana magana a hankali kamar mai ciwon haƙori. Na durƙusa na ce, "Allah gafarta malam, an tsiraita ni." Na kwashe labari tun daga ungulaye har zuwa tubali. Ya aika da sammaci, ranar Alhamis Maikano ya zo yana hura hanci.

Alƙali ya ce da ni, "Baiwar Allah, kin san abin da ake kira hauzi?"

"In ba a miya ake sa shi ba, ban san shi ba."

Muhutinsa, mai taimaka masa da duba littafi, ya sunkuyar da kai kafaɗunsa suna rawa.

Alƙali ya ce, "Hauzi shi ne mutum ya zauna a wuri shekara goma, yana gini yana gyara, mai ikirarin wurin yana nan yana gani bai ce uffan ba. To bayan haka in ya zo yana da'awa ba a saurarensa. Amma ki ji da kyau, hauzi ba ya cin hanya, ba ya cin kasuwar jama'a. Don haka abu biyu nake nema. Shekara nawa kika yi, kuma wurin nan cikin kasuwa yake ko bayanta."

Sannan ya juya ga Maikano. "Kafin in gano haka, kowa ya ɗauke hannunsa. Ba gini, ba rushewa, ba ƙari, ba ragi. Abin da ke tsaye ya tsaya, abin da ke kwance ya kwanta. Ta zauna a ɗakinta ta yi sana'arta. Wanda ya taɓa wurin nan, da ni yake."

Wallahi da ba a gaban shari'a nake ba da na yi guɗa. A hanyar dawowa sai da na tsaya a gindin wata tsamiya na taka rawa ni kaɗai, ba mai kiɗa. Magina sun riga sun kwaɓa ƙasa, ɗan doka ya zo ya ce su wanke hannu. Na kawo musu ruwan wankewar da kaina.

Sai dai abin da ban lura da shi ba, umarnin nan ya hau kaina ni ma. Gidana a buɗe, duk mai sayen nama yana kallon tukunyata, makewayina ma sai da na rataya tabarma. Ba ni da ikon kafa ko kara ɗaya.

Kwana huɗu da haka, na tafi rafi wankin kalwa da hantsi. Da na dawo, ƙwarya a kai, sai na hango gidana ya yi fes da sabon zana, rawaya, ɗaurin nan mai kyau da na sani. Ga Alkasim a tsugune a ƙarshen layi yana danna ƙasa a gindin sabon reshen dashi da diddigensa. Ƙwaryar ta kusa suɓuce mini.

"Alkasim, me ka yi mini?"

"Sannu da dawowa."

"Ba ka ji abin da alƙali ya ce ba?"

"Na ji."

"To?"

Ya ɗaga kai ya dubi gabas. "Hadari ya fara."

Kun ji mutum. Na zazzage shi tas, ban bar masa komai ba, tun daga furfurarsa har ƙafarsa mai faso. Shi kuwa sai ya hau naɗe igiyarsa. Can na hango Maikano a bakin rumfar mahauta yana murmushi har kunne. Kafin azahar ya hau dokinsa ya nufi Tudun Wada.

Aka kira mu mu uku, ni da Alkasim da Maikano. A hanya na ce shi ke nan, gidan da na ƙwato da ƙafata, zana ya kayar mini da shi. Maijidda tana bayana tana cewa, "Ai na faɗa miki, Inna." Na ce ta yi mini shiru ko ta koma.

Maikano ya fara. "Allah gafarta malam, umarninka aka taka. Ni da nake da iko na bi, tsohuwar nan ta sa an yi danga."

Alƙali ya dubi Alkasim. "Ita ta sa ka?"

"Ba ta taɓa sa ni ba, Allah gafarta malam. Sai shekarar farko."

"To me ya kai ka?"

"Dashi in ba a kafa shi kafin ruwa ba, ruɓewa yake."

"Ba noma na tambaye ka ba. Dole ne sai ka kafa?"

"Kowace shekara ina kafa ɗaya."

Na ga alƙali ya ajiye carbinsa. "Kowace shekara? Ɗaya tak?"

"Ɗaya."

"Tun yaushe?"

"Tun ranar da marigayi Sarkin Kasuwa ya ja layi da sandarsa. Ina wurin, da zana a kaina. A kan layin na kafa na farko, a kusurwa, don kada ya ɓace."

Murmushin Maikano ya fara raguwa. Alƙali ya ce, "Ban gane ba. Mai danga in zai kafa dashi, jere yake kafawa rana ɗaya ya huta. Me ya sa kai ɗaya ɗaya?"

"Don in sami dalilin dawowa baɗi. Da farko aiki ne, mai ɗakina ce ta ce in riƙa duba ƙawarta. Goma sha huɗu na farko duk aiki ne."

"Sauran fa?"

Alkasim ya cire hula, ya duba cikinta, ya mayar. Dattijo mai jikoki, gumi yana bin gemunsa.

"Sauran bakwai magana ce nake zuwa da ita. In na zo sai in kasa, sai in kafa dashi in tafi. Na bana ne na takwas."

"Wace magana?"

"Ta aure, Allah gafarta malam."

Jama'a, ni Hasana da ba a taɓa rufe mini baki ba, sai ga ni na sunkuyar da kai. Na ja mayafi na rufe fuska kamar yarinya. Maijidda ta dafe baki. Muhuti wannan karon bai iya ɓoyewa ba, sai da ya fita waje ya dawo. Shi kansa alƙali ya daɗe yana shafa gemu, yana duban littafin da na tabbata ba karantawa yake ba.

Da ya nutsu ya yi wa Alkasim faɗa sosai, ya ce umarnin shari'a ba ya jiran hadari. Ya ce a kwance zanan duka, sai wanda ya kewaye makewayi, don suturar mace ba a wasa da ita. Reshen dashi kuwa a bar shi, tunda cire shi ma taɓawa ne. Sannan ya ce muhuti ya bi mu ya ƙirga itatuwan, ya auna kaurinsu.

Maikano ya ce, "Allah gafarta malam, to tubalina fa? Ruwa ya kusa. A bar ni in kwashe."

"Umarnin da ka hau doki ka zo karewa, kai ma ya ɗaure ka. Ka zo ranar Litinin a yi shari'ar gaba ɗaya. In filin kasuwa ne ka yi gininka, in ba shi ba ne ka kwashe kayanka."

Ya juyo gare mu. "Akwai wani mai rai da ya ga an ja layin nan, ban da wannan?"

Na ce babu, duk sun riga mu gidan gaskiya.

"To ku saurara. Miji ba ya yi wa matarsa shaida. In kuka ɗaura aure kafin ya ba da shaida a gaban Maikano, shaidarsa ta faɗi. Ko yanzu ma sai na gwada maganarsa da ta itatuwan, don su ba aure suke nema ba. Wannan maganar taku ita ma ta tsaya inda take."

Na leƙo daga cikin mayafi na ce, "Allah gafarta malam, ai ban ce na yarda ba."

"Ban kuma ji kin ce a'a ba. Ku tashi."

A hanyar gida Maijidda ta ja baya da gangan, wai goyo ya yi mata nauyi. Alkasim yana gaba da taki uku, ni ina biye. Sai da muka kai tsamiyar nan da na yi rawa na kasa haƙuri.

"Shekara bakwai, Alkasim. Bakinka ciwo yake?"

"Duk sanda na zo sai in tarar kina yi wa wani faɗa. Sai in ce bari ta huce."

"To ai yau ma faɗa nake."

"Na lura. Na ga in hucewarki zan jira, sai danga ta kai garin Doguwa."

Na yi dariya har sai da na zauna a kan saiwar tsamiya. Rabona da irin wannan dariyar tun Habu yana da rai. Na kwance haɓar zane na fasa goro, na miƙa masa rabi. Ya karɓa da hannu biyu.

"Ka sani ba zan bar murhuna ba. Ba inda zan tare."

"Wa ya ce ki tare? Ni zan ɗauko sandata in riƙa zuwa."

"Warin fa?"

"Shekara ashirin da ɗaya ina shaƙarsa. In ban ji shi ba ne kaina ke ciwo."

Muhuti ya zo washegari da igiya, rabin kasuwa ta biyo shi. Ya fara daga kusurwa. Na farko hannu biyu ba sa kewaye shi. Na biye bai kai shi ba, na biye da shi bai kai wancan ba, haka suka yi ta raguwa kamar 'ya'yan mutum ɗaya an jera su. Goma sha tara a tsaye, kututture biyu da gatarin Maikano ya bari, sai ɗan reshen bana. Yana ƙullin igiya yana rubutawa. Ya auna daga na kusurwa zuwa rumfar mahauta ta ƙarshe, taki goma sha biyu, ya tambayi Sarkin Fawa ko an taɓa kafa rumfa a bayan itacen nan. Sarkin Fawa ya ce tun yana yaro bai gani ba, wa zai kasa kaya kusa da warin Hasana. Na ce na gode, amma zan tuna masa wannan maganar.

Litinin ta zo. Na sake ɗaura saƙina, Alkasim ya sa wata farar riga da ban taɓa ganin sa da ita ba, har da turare. Muka yini a ƙofar alƙali. Maikano bai zo ba, ya aiko wai haƙori. Aka ɗaga zuwa Litinin ta gaba. Ya aiko wai ya tafi Kano gaisuwar mutuwa, alhali a ranar an gan shi yana cin tsire a Kiru.

Ranar Laraba da rana tsaka, kasuwa tana ci, ruwan farko ya sauko. Ba yayyafi ba, ruwa na gaske. Na ja kujerata bakin ƙofar ɗaki, na zauna ina kallon tubalin Maikano. Na sama suka fara zagwanyewa, na ƙasa suka bi. Kafin la'asar tsibin nan da ya fi ni tsawo ya zama taɓo, agwagin maƙwabta suna wanka a ciki. Ban taɓa ko ɗaya ba, Allah shaida ne. Alƙali ya ce abin da ke kwance ya kwanta, ya kuwa kwanta.

Bayan kwana biyar dashina duk suka yi ganye shar. Reshen bana ya kama. Kututturen nan biyu ma sun fito da toho.

Amma kada ku ga ina dariya ku ce na huce. Da, da na ga an sare su, na ɗauka itace aka sare mini. Yanzu na san na bara ne da na bara waccan. Mutum ya ɗauko maganarsa tun daga gida, ta yi masa nauyi, ya dasa ta a ƙofata, kai ka zo ka sa mata gatari don lori ya juya.

Yau gidana ba danga. Maijidda, wadda ta ce za a yi da mu a gari, ita ce ta aiko mini da lalle da sabon tulu, suna nan a ƙarƙashin gado. Alkasim yana zuwa kullum da hantsi ya tsaya a bayan layi, don ya rantse ba zai ƙara taɓa ko tsinke ba, mu gaisa ta tsakanin itatuwa mahauta suna yi mana shewa. Ni na haura sittin, shi ya fi ni. Ba mu da wasu shekara bakwai na jira.

Alƙali ya sa Litinin mai zuwa, ya ce wannan karon ɗan doka ne zai rako ka. Ka ɗaure haƙorin da tsumma ka zo, Maikano. Ka tsaya a gaban mutane ka faɗi inda kake shekara ashirin da ɗaya, kana wucewa ta ƙofata safe da yamma, matarka tana aikowa a ba ta ta miya, ba ka taɓa cewa filin kasuwa ba ne sai da ka ji ƙugin lori. Ka faɗi ko ubanka ƙarya ya yi da ya ja layi. Ka faɗi wanda ya ba ka izinin sare mini dashi biyu. Gidana kake riƙe da shi, da aurena, kuma duka biyun sai ka amsa su da bakinka.